Rikicin Kuɗin Alawus a Mahaƙar Kwal ta Inugu, 1949

Duk wanda ya karanta tarihin Nijeriya ya san ran 18 ga Nuwamba 1949 'yan sanda suka buɗe wuta a kan masu haƙar kwal a Kwarin Iva, kusa da Inugu, suka kashe mutum 21, suka raunata 51. Abin da ba a cika tsayawa a kansa ba shi ne mafarin rigimar, watau gardamar lissafin kuɗi tsakanin lebura da mai aiki.

An gano kwal a Udi cikin 1909, aka soma haƙa cikin 1915, hanyar jirgi ta haɗa wurin da Fatakwal cikin 1916. Mahaƙar ta Gwamnati ce, kwal ɗinta kuwa shi ne abincin jiragen ƙasa, har da masu jigilar gyaɗa daga Kano da kuza daga Jos. Saboda haka in aiki ya tsaya a Inugu, sai an ji a jika har Arewa.

Yadda ake biyan ma'aikatan nan shi ne tushen wahalar. Mai sara, watau wanda ke fasa kwal a cikin rami, ba albashi tsayayye yake ci ba. Ana ƙirga masa yawan tarago-taragon da ya cika, sa'an nan a ɗora masa ƙare-ƙare iri iri, kamar alawus na tsadar rayuwa da na aikin ƙarƙashin ƙasa. Littafin lissafi yana hannun ofis, lebura kuwa galibi bai yi karatu ba, balle ya bincika. Ga kuma wata al'ada ta ɗaukar mutane fiye da bukata, kullum safiya a zaɓi waɗansu, sauran su koma gida hannu wofi ko da sun tako daga ƙauye mai nisa. Ma'aikata suka ce kwanakin nan bashi ne a kan Gwamnati, manajoji suka ce ba su san zancen ba.

Ba banza suka sa rai ba. Bayan babban yajin aikin 1945, hukumar Tudor Davies ta ba da shawarar ƙara alawus na tsadar rayuwa. Cikin 1947 kuma ƙungiyarsu, wadda Okwudili Ojiyi ke wa sakatare, ta ɓullo da dabarar jan ƙafa: a shiga rami a kan lokaci, amma a yi ta aiki sannu sannu. Ta haka suka sami ƙari tare da ariyas. Wanda ya taɓa karɓar kuɗin baya a dunƙule, da wuya ya gaskata in an ce masa babu saura.

Da Nuwamba ta 1949 ta kama, masu sara suka koma jan ƙafa. Manajoji suka shiga korarsu, su kuwa suka ƙi fita daga rami don kada a ba waɗansu gurabensu. A nan ne Gwamnati ta yi babban kuskurenta, ta daina kallon abin a matsayin rigimar albashi, ta ɗauke shi tawaye. Tsoron samarin Zikist ya cika mata ciki, tana zaton nakiyoyin da ke ajiye a mahaƙa za su faɗa hannunsu. Aka ɗebo ƙarin 'yan sanda, har daga Arewa, aka ce a kwashe nakiyoyin. A mahaƙar Obwetti an kwashe lafiya. A Iva kuwa ma'aikata suka ɗauka kwashewar alama ce za a rufe mahaƙar, haƙƙinsu ya bi ruwa, sai suka taru suna waƙa. Baturen 'yan sanda F. S. Philip ya ba da umurnin harbi.

Tarzoma ta tashi a Aba da Fatakwal da Anaca da Kalaba. A Ikko jam'iyyun da ba sa ga-maciji da juna suka haɗu cikin kwamiti guda na gaggawa. Aka naɗa hukumar bincike ƙarƙashin Sir William Fitzgerald, da alƙalai biyu 'yan Afirka a cikinta, Ademola na Nijeriya da Quashie-Idun na Gwalkwas, wadda ake kira Gana yau. Rahotonta na 1950 ya ce Philip ya yi kuskuren hukunci, ya zargi hukuma da cakuɗa rigimar aiki da siyasa, amma ya ɗora wa Ojiyi nauyi mai yawa, wai shi ya bar ma'aikata da begen kuɗin da babu su. A ganina hukumar ta tsananta masa, ta kuma sassauta wa tsarin biyan da ya sa jita-jita ta fi takardar ofis ƙarfi a kunnen lebura. Ba a gurfanar da Philip gaban shari'a ba. Cikin shekarar nan ta 1950 aka fitar da mahaƙar daga hannun sashen Gwamnati, aka miƙa ta ga sabuwar Hukumar Kwal ta Nijeriya.