Agogon Rana

Agogon rana abu ne da ake gane lokaci da shi ta hanyar inuwa. A kafa sanda ko ƙarfe ko gini a fili, a ja layuka a ƙasa, layin da inuwa ta sauka a kai shi zai faɗi inda yini ya kai. Masu ƙagaggun labarai sun sha riya wani ƙaton gini da zai zuƙi hasken rana ya tsai da zamani ko ya mai da shi baya, amma ba a taɓa gina irinsa ba. Wanda aka gina awo kawai yake yi, ko da yake wasu sun yi girman da mai labarin ma sai ya jinjina.

Misirawan dā suna da ma'aunin inuwa tun wajen shekara 1500 kafin haihuwar Annabi Isa (AS). Sarki Augustus ya sa an ɗauko wani dogon dutse mai tsini daga Masar, aka kafa shi a birnin Rum shekara 10 kafin haihuwar Annabi Isa, ana bin inuwarsa ta tsakar rana a kan daɓe. A ƙasashen Musulmi salla ce ta raya wannan ilimi, har manyan masallatai suka riƙa ɗaukar masani na musamman don tsare lokuta. Ibn Shaɗir shi ne mai wannan aiki a Masallacin Banu Umayya na Dimashƙa, kuma wajen 1371 ya yi wa hasumiyar masallacin agogon rana na farin dutse. Sandarsa a karkace take, tana nuna wajen tauraron arewa, dabarar da ke sa awa ɗaya ta zama tsawo ɗaya rani da damina. Mafi shahara wajen girma yana Jaipur ta ƙasar Indiya, a cikin ginin Jantar Mantar da Sarki Jai Singh na Biyu ya kammala a 1734. Tsayinsa mita 27 ne, an kuma tsaga ma'auninsa daƙiƙa biyu-biyu.

A ƙasar Hausa mutum da kansa shi ne sandar. Littattafan fiƙihun Malikiyya da ake karantawa a zaure, irin su Risala, sun ɗaura lokacin azahar da la'asar a kan inuwa: azahar tana shiga idan rana ta gota daga tsakiya, la'asar kuma idan inuwar abu ta kai tsawonsa, ban da 'yar inuwar da ta saura a tsakar rana. Ladan ko malami sai ya fita fili ya ba rana baya, ya duba inda inuwar kansa ta tsaya, wataƙila kan wata tsakuwa ko tsinke. Sai ya taka zuwa wurin, diddigen wannan ƙafa na taɓa babban yatsan waccan, yana ƙirge. Malaman fiƙihu sun ƙiyasta tsayin mutum da tafin ƙafarsa bakwai, don haka dogo da gajere duk lissafinsu ɗaya. Manomi ma ba ya bukatar fiye da haka. Sunayen sassan yini sun ishe shi: asuba, hantsi, walaha, rana tsaka, azahar, la'asar, la'asar sakaliya, almuru. Aibin ma'aunin sananne ne, hadari ko hazon hunturu ya rufe rana, shi ke nan an koma kirdado.

Kaduna tana wajen digiri 10 da rabi arewa da layin da ya raba duniya biyu, shi ya sa inuwarta take da wani hali da ba a gani a Makka sai na ɗan lokaci, a Dimashƙa kuwa sam. Sau biyu a shekara, wajen 17 ga Afrilu da wajen 26 ga Agusta, rana takan tsaya daidai bisa kai, turken da ke miƙe ya rasa inuwa ɗungurungum. Tsakanin waɗannan ranaku biyu inuwar tsakar rana kudu take faɗuwa, sauran shekara kuma arewa. Duk jadawalin ƙafafun da aka kwafo daga littafin wata ƙasa mai nisa sai an gyara shi kafin ya yi aiki a nan.

Kudancin kogin Kaduna na cikin wuraren da inuwa ta fara rasa matsayinta a Arewa. Layin dogo ya isa Kano a 1911, a 1917 kuma Turawa suka dawo da hedikwatar Arewa daga Zungeru zuwa Kaduna. Tashar Kaduna Junction, inda layin Legas ya haɗu da na Fatakwal, tana wannan ƙetaren. Jirgi ba ya tafiya da inuwar kowane gari, dole direba da mai tasha su duba lokaci ɗaya. Tun 1919 Nijeriya duka take kan lokacin da ke awa ɗaya gaba da na Girinwic a Ingila. Daga baya masaƙu suka zo unguwar Kakuri da ke wannan ƙetaren: Kaduna Textiles a 1957, sannan United Nigerian Textiles da Arewa Textiles, sai kamfanin haɗa motocin Peugeot a 1975. Dubban ma'aikata daga Makera da Nasarawa da Kakuri jiniya ce ke shigar da su, ita ce ke tashinsu, wasu ma da dare suke kama aiki, lokacin da babu inuwar da za a auna. Harshe ya adana sawun wannan sauyi. Tambayar "ƙarfe nawa?" ta samo asali ne daga ƙarfen da ake bugawa don sanar da awa. Masaƙun sun durƙushe a shekarun 2000, jiniya ta yi shiru, amma agogo ya zauna.

Idan akwai wata sarrafa lokaci da aka taɓa yi a wannan yanki, to ta doka ce. An yanka lokacin Nijeriya ne a kan layin digiri 15 gabas, wanda ya bi ta wajen Tabkin Cadi, ita kuwa Kaduna tana wajen digiri 7 da rabi. Kowane digiri minti huɗu ne, ke nan agogon Kaduna yana gaba da ranarta da kusan rabin awa, kullum. Sai kuma wani bambanci da karkatar duniya da yanayin zagayenta suke kawowa, wanda kan kai rubu'in awa gaba ko baya. Wannan ne dalilin da ya sa lokacin shigar azahar a kalandar salla yake ta motsi, ko da masallacin unguwa ya tsai da jam'i a ƙarfe ɗaya da rabi ko biyu. Yau faifan sola da ke kan rufin gidaje a Barnawa da Narayi shi ke cajin wayar da ake duba lokaci a cikinta, iyakar hannun da rana ta sa a lamarin ke nan.

Wanda ya kafa sanda a tsakar gida a Kakuri ya bi inuwarta zai tarar ta fi gajarta da misalin ƙarfe 12:14 a farkon Nuwamba, a tsakiyar Fabrairu kuwa sai wajen 12:44.