Wace tasha ce za ta nuna wasan? Yadda hukuncin 1984 ya warwatsa ƙwallon jami'o'in Amurka

Kowace Asabar daga ƙarshen watan Agusta zuwa farkon Disamba, miliyoyin Amurkawa kan wayi gari da tambaya guda: a wace tasha za a nuna wasan jami'armu yau? Wasan da ake nufi shi ne ƙwallon ƙafa irin na Amurka, wanda ya fi kama da zari-ruga, kuma ɗaliban jami'a ne ke buga shi. Kada a raina shi saboda haka. Filin wasan Jami'ar Michigan yana ɗaukar mutum sama da 107,000, wato ya zarce Wembley na Landan. Sai dai magoyin bayan Michigan da ya zauna a gida zai iya iske ƙungiyarsa a tashar Fox wannan mako, mako mai zuwa a CBS ko NBC, wani lokaci a Big Ten Network. Wasanta na farko a kakar 2023 kuwa ba a nuna shi ko'ina ba sai a Peacock, manhajar kallo ta intanet da ake biya wa kuɗi daban.

Ruwa ba ya tsami banza. Wannan wahalar nema ta samo asali ne daga wata doguwar jayayya kan tambayar da ta fi ta tasha nauyi: wa ya mallaki wasan?

An fara nuna ƙwallon jami'o'i a talabijin ranar 30 ga Satumba, 1939, lokacin da Fordham ta doke Waynesburg da ci 34 da 7 a birnin New York. A wancan zamani akwatunan talabijin ba su da yawa, don haka babu wanda ya damu. Bayan Yaƙin Duniya na Biyu akwatunan suka cika gidaje, hankalin shugabannin jami'o'i ya tashi. Kuɗin ƙofa shi ne abin dogaronsu, kuma suna tsoron wanda zai iya kallon babban wasa kyauta a falonsa ba zai sayi tikitin ƙaramar kwalejin garinsu ba. Irin wannan tsoron ne ya sa aka daɗe ana hana nuna wasannin ƙarfe uku na yammacin Asabar kai tsaye a cikin Ingila.

A 1951 hukumar wasannin jami'o'i ta ƙasa, NCAA, ta karɓe ikon sayar da haƙƙin nuna wasanni baki ɗaya. Jami'ar Pennsylvania, wadda ta shafe shekaru tana nuna wasanninta na gida, ta ce ba ta yarda ba. Aka yi mata barazanar hukunci, jami'o'i huɗu da ke cikin jadawalinta suka ce ba za su buga da ita ba, dole ta sauko. A shekarar ce kuma Walter Byers ya zama babban daraktan hukumar, ya riƙe kujerar sama da shekara 35. A zamaninsa mai kallo bai sha wahalar nema ba, domin babu abin nema da yawa. Tasha ɗaya, daga baya biyu, ke da kwantiragin, kuma wasa ɗaya ko biyu kawai ake kawo wa kowane yanki a mako. A tsarin da aka yi na 1982 zuwa 1985, ba a yarda wata jami'a ta bayyana fiye da sau shida cikin shekara biyu ba, komai farin jininta.

Manyan jami'o'i suka ga da su ake kasuwa amma da wasu ake raba riba. A 1977 suka kafa ƙungiyarsu, CFA, sannan a 1981 suka ƙulla nasu ciniki da NBC. Da NCAA ta yi barazanar hukunta duk wadda ta shiga, sai jami'o'in Oklahoma da Georgia suka garzaya kotu. Ranar 27 ga Yuni, 1984, Kotun Ƙolin Amurka ta yanke hukunci da rinjayen alƙalai bakwai a kan biyu cewa tsarin hukumar ya saɓa wa dokar Sherman ta 1890, wadda ta haramta babakere a kasuwanci. Mai Shari'a John Paul Stevens, wanda ya rubuta ra'ayin masu rinjaye, ya nuna cewa hukumar tana rage yawan wasannin da ake nunawa tare da ƙayyade farashi, kuma mai kallo ne ke asara. Wanda ya rubuta ra'ayin adawa shi ne Mai Shari'a Byron White, tsohon tauraron ƙwallo a Jami'ar Colorado wanda har ya buga a gasar ƙwararru ta NFL. Damuwarsa ita ce, idan aka sakar wa kasuwa linzami, neman riba zai rinjayi manufar ilimi da aka gina wasannin a kanta.

Abin da ya fara biyo baya bai yi wa waɗanda suka yi nasara daɗi ba. Wasanni suka yi yawa a kasuwa, farashin kowane wasa ya faɗi. Waɗanda suka ci moriya su ne tashoshi, musamman ESPN da aka buɗe a 1979, wadda ke neman abin da za ta cika sa'o'inta da shi. Ita ma CFA ba ta tsira daga cutar da ta kama NCAA ba, domin kowane babba yana ganin zai fi samu idan ya ware. A 1990 Notre Dame ta sayar wa NBC wasanninta na gida ita kaɗai, daga kakar 1991. Rukunin jami'o'in kudu maso gabas, SEC, ya koma CBS daga 1996. Zuwa 1997 an rufe CFA.

Daga nan iko ya koma hannun rukunonin jami'o'i, kuma kowanne ya shiga buɗe tasharsa: Big Ten Network a 2007 tare da Fox, Pac-12 Networks a 2012, SEC Network a 2014, ACC Network a 2019. A watan Agustan 2022 rukunin Big Ten ya raba wasanninsa tsakanin Fox da CBS da NBC a yarjejeniyar shekara bakwai da ta haura dala biliyan 7. SEC kuwa ya miƙa nasa duka ga ABC da ESPN daga 2024.

Wanda ya san wannan tarihi zai gane hanyar neman wasa. Abu na farko, a duba wace jami'a ce mai masauki, domin haƙƙin nunawa na rukunin mai gida ne. Shi ya sa Notre Dame ke NBC idan tana gida, amma idan ta je baƙunta sai a neme ta a tashar masu masaukinta. Na biyu, tashoshin da suka sayi rukuni ɗaya kan zaɓi wasanni bi da bi, kuma galibi ba a sanar da tasha da lokaci sai saura kwana 12, wani lokaci kwana shida, har sai an ga sakamakon makon da ya gabata. Mai tikitin da zai yi tafiyar sa'a biyar bai san ko da tsakar rana za a buga ko da dare ba. Na uku, wasan da manyan tashoshi suka bari yakan faɗa tashar rukuni ko manhajar intanet. Ƙananan jami'o'in rukunin MAC ma har ranakun Talata da Laraba suke bugawa a watan Nuwamba, don su samu gurbi a ESPN.

Ko an gano tashar, ba a gama ba. A daren 31 ga Agusta, 2023, ana dab da fara wasan Florida da Utah, ESPN ta ɓace daga akwatunan kusan gidaje miliyan 15 masu hulɗa da Spectrum, saboda rikicin farashi tsakanin kamfanin Charter da Disney, mai ESPN. Ba a sasanta ba sai 11 ga Satumba. Bayan shekara guda masu DirecTV suka gamu da irin haka.

Asarar da ta fi girma ba a falo aka yi ta ba. Rukunin Pac-12, wanda tushensa ke komawa 1915, ya kasa samun kwantiragin da zai gamsar da membobinsa. USC da UCLA suka sanar da ficewarsu a watan Yunin 2022, sauran suka bi sahu a 2023, har goma cikin goma sha biyu suka watse, aka bar Oregon State da Washington State. Yau ɗalibin da ke karatu a Los Angeles zai iya yin tafiyar kusan kilomita 4,000 zuwa New Jersey don wasan cikin rukuni, kuma ba 'yan ƙwallon kaɗai ba, har da 'yan wasu wasannin da ba kasafai ake nuna su ba.

Stevens ya yi gaskiya: ba a taɓa nuna wasanni da yawa kamar yanzu ba, kuma da wuya a samu babbar jami'ar da ba a iya kallon kowane wasanta. White ma ya yi gaskiya. A watan Yunin 2025 wata kotun tarayya ta amince da sulhun da ya bai wa kowace jami'a damar biyan 'yan wasanta kai tsaye har kusan dala miliyan 20.5 a shekarar farko, kuma kuɗin talabijin na daga cikin manyan hanyoyin da za a samo su. Ɗalibin da aka yi shekaru ana sayar da guminsa ya fara samun rabonsa. Magoyin baya kuwa, wanda da sunansa aka ci shari'ar 1984, shi ne ke biyan kuɗin kamfanin talabijin da na manhaja biyu ko uku, sannan ya jira sanarwar mako don ya san inda zai kunna.