Ofishin jakadanci: abin da yake yi wa ɗan ƙasa a waje, da yadda ake neman biza

Ofishin jakadanci ma'aikata ce da ƙasa ke buɗewa a babban birnin wata ƙasa domin ta wakilce ta. Ƙaramin ofishin jakadanci kuwa ana buɗe shi ne a garin da ƴan ƙasar suke da yawa, kuma aikinsa ya fi karkata ga takardu da matsalolin mutane. Nijar na da ofishin jakadanci a Abuja da ƙaramin ofishi a Kano, tana da jakada a Riyad da ƙaramin ofishi a Jidda, haka kuma a Aljeriya tana da ofishi a babban birnin ƙasar da wani a Tamanrasset. Ayyukan waɗannan ofisoshi kashi biyu ne: kula da ƴan ƙasarsu da ke zaune ko ke wucewa, da bai wa baƙi biza.

Dokar da aikin ya dogara a kanta

Yarjejeniyar Biyena ta ranar 24 ga Afrilun 1963 ita ce ta tsara wannan aiki tsakanin ƙasashe. Ayar doka ta 5 ta lissafa ayyukan ofishin, ciki har da kare ƴan ƙasa da ba da fasfo da takardun tafiya. Aya ta 36 ta ce idan aka kama baƙo, wajibi ne hukuma ta gaya masa cewa yana da haƙƙin a sanar da ofishin ƙasarsa, kuma idan ya nema a sanar ba tare da jinkiri ba. Jami'in ofishin na da damar ziyartar sa a gidan kaso da nema masa lauya. Aya ta 37 ta wajabta sanar da ofishin idan ɗan ƙasarsa ya rasu.

Katin rajista

Taimakon ofishin jakadanci yana farawa ne daga tabbatar da cewa mutum ɗan ƙasa ne. Saboda haka ake so duk wanda ya je ci-rani ko karatu ko fatauci ya yi rajista da zarar ya zauna, ya karɓi katin da ake kira carte consulaire da faransanci. Galibi ana neman fasfo ko katin ɗan ƙasa ko takardar haihuwa, da hotuna, da adireshin inda mutum yake. Wanda ya bar gida babu takarda ko ɗaya, ranar da aka kama shi ko ya kwanta asibiti sai an fara binciken asalinsa kafin a yi masa komai, kuma wannan bincike na iya ɗaukar makonni.

Abin da ofishin ke yi da wanda ba ya yi

Idan fasfo ya ɓata ko aka sace shi, ana fara kai rahoto wurin ƴan sandan garin, sannan a kai takardarsu ofishin. Ofishin kan ba da takardar wucewa ta laissez-passer, wadda ke aiki sau ɗaya domin komawa gida. Yana rajistar haihuwa da aure da mutuwa, yana buga hatimi a kan takardu, yana sada wanda ya shiga matsala da danginsa. Yaron da aka haifa a Kano ko Abijan, idan ba a yi masa rajista ba, zai sha wahala ranar da ya nemi katin ɗan ƙasa a Maraɗi ko Tawa.

Ofishin ba ya fitar da mutum daga gidan kaso, ba ya soke hukuncin alƙali, domin dokar ƙasar da mutum yake ciki ita ke aiki a kansa. A bisa al'ada ba ya biyan bashi ko tara ko kuɗin asibiti, kuma ba ya tilasta wa wata ƙasa ta bai wa mutum izinin zama.

Inda ba a buƙatar biza

Tun 1979 yarjejeniyar CEDEAO ta bai wa ƴan ƙasashen ƙungiyar damar shiga ƙasashen juna babu biza har kwana 90. Ficewar Nijar da Mali da Burkina Faso ta tabbata ranar 29 ga Janairun 2025, ranar da aka ƙaddamar da fasfon AES. A wannan rana CEDEAO ta sanar cewa za ta ci gaba da amincewa da fasfo da katin ɗan ƙasa masu tambarinta, da zirga-zirga babu biza, har sai an yanke wata shawara. Rashin biza bai ɗauke wa matafiyi riƙe takardar shaida da katin rigakafin shawara ba.

Neman biza

Ana neman biza ne a ofishin ƙasar da za a je, kuma ita kaɗai ke da ikon bayarwa ko hanawa. Bizar Shengen ta ƙasashen Turai misali ce mai bayyanannun ƙa'idoji. Tana ba da damar zama kwana 90 cikin kwana 180. Ana ajiye takardu daga wata 6 kafin tafiya, kuma kada a wuce kwana 15 kafin ranar tashi. Fasfo ya kasance an yi shi cikin shekara 10 da suka wuce, yana da shafi 2 da ba a buga komai ba, kuma yana da sauran wata 3 bayan ranar dawowa. Ana haɗawa da inshorar lafiya ta Yuro 30.000, da shaidar masauki, da shaidar kuɗin guzuri, da abin da ke nuna mutum zai dawo, kamar aiki ko kasuwanci ko iyali. Ana ɗaukar zanen yatsu, don haka a karon farko sai mutum ya je da kansa.

Tun ranar 11 ga Yunin 2024 kuɗin bizar ya koma Yuro 90, kimanin jika 59 na sefa, yara ƴan shekara 6 zuwa 12 kuma rabin haka. Amsa kan fito cikin kwana 15, tana iya kaiwa 45. Idan an hana, ba a mayar da kuɗin, amma ana ba da dalili a rubuce kuma akwai damar ɗaukaka ƙara. Ofishin jakadancin Faransa a Yamai yana rufe tun Janairun 2024, saboda haka mai niyyar zuwa Turai ya fara tabbatar da ofishin da ke karɓar takardun mazauna Nijar kafin ya sayi tikiti.

Aikin hajji yana da nasa tsari: bizar alhazai na bi ta hannun hukumar COHO da kamfanonin jigilar da aka amince da su. Bizar umara ko ta ziyara ba ta ba da damar yin hajji ko neman aiki a Saudiyya.

Hattara da ƴan damfara

Babu dillalin da zai iya ba da tabbacin biza. Takardar banki ta jabu ko wasiƙar gayyata ta ƙarya na jawo hani, kuma ana ajiye bayanin a na'ura inda sauran ofisoshin Shengen za su gan shi. Ana biyan kuɗi ne a inda ofishin ya ambata, a karɓi rasit. Kafin a tashi, yana da kyau a kwafi fasfo da takardar haihuwa, a bar ɗaya a gida wurin dangi, a ajiye hotonsu a waya tare da lambar ofishin jakadancin Nijar na ƙasar da za a je.