Daso da Nauyin Fitowa a Muguwa

A ranar 9 ga Afrilu, 2024, ranar ƙarshe ta azumin Ramadan, Allah ya yi wa Saratu Giɗaɗo rasuwa a Kano tana da shekara 56. Daga unguwannin birni har ƙauyukan Dawakin Tofa, inda matan aure suka daɗe suna kallon kaset a cikin ɗakunansu, kaɗan ne suka san sunanta na yanka. Daso kowa ya sani, matar da in ta bayyana a fim sai mai kallo ya gyara zama, domin ya san gidan da ta shiga ba zai kwana lafiya ba.

An haife ta a Gombe a 1968, ta kuma yi aikin koyarwa kafin ta shiga harkar fim a 2000 da Linzami da Wuta na kamfanin Sarauniya. Lokacin shekara goma ke nan da fitowar Turmin Danya, wanda ƙungiyar Tumbin Giwa ta shirya a 1990, aka kuma ɗauke shi a matsayin mafarin fim ɗin bidiyo a Kano. Kasuwa ta riga ta gano abin da ke sayuwa: soyayya, waƙa da rikicin gidan aure. Irin wannan labari kuwa ba ya tsayuwa sai da mai hana ruwa gudu, ko kishiya, ko uwar miji, ko matar uba. Nan Daso ta samu gurbinta.

Gurbin yana da riba. A Kannywood, jarumar da ke fitowa a budurwa takan yi tashe na 'yan shekaru, sai aure ko sabuwar fuska ta kawar da ita. Mai fitowa a uwa ko muguwa kuwa shekaru ƙara mata daraja suke yi. Da haka Daso ta ratsa kafa hukumar tace finafinai ta Kano a 2001, da tsananin da ya biyo bayan rikicin 2007, da mutuwar kasuwar faifai, har zuwa zamanin shirye-shirye masu dogon zango a talabijin da YouTube.

Yana kuma da tsada. A al'ummar da ba ta cika raba ɗan wasa da rawar da ya taka ba, wadda ta iya mugunta a fim sai a ɗauka halinta ne. Jarumi ya tafi da yabo da hoton bangon kaset, ita kuwa ta tafi da tsinuwar masu kallo, alhali tsinuwar nan ita ce shaidar cewa ta iya aikinta.

Bayan rasuwarta, abokan sana'arta sun yi ta ambaton barkwancinta da son jama'arta. Shekara 24 ta yi tana sa mutane su tsani wata mata da ba ita ba.