Na'urar juya lokaci

na'urar juya lokaci (suna, mace, jam'i: na'urorin juya lokaci). Na'ura ce ta ƙagaggun labaran kimiyya, wadda ake riya tana mayar da mutum zamanin da ya shuɗe ko ta kai shi wanda bai zo ba. Marubucin Ingila H. G. Wells ya yayata ta a littafinsa na 1895. Wata irinta ana riya da wuta da amo take aiki: a hura wuta a bututu, iska ta ɗau zafi ta yi kuka, kukan ya karkata lokaci. Kukan bututun gaskiya ne, masani ɗan Holan Rijke ya nuna shi a 1859. Karkata lokacin kuwa zuƙi ta malle ce. Misali: "Malam, ko na'urar juya lokaci gare ka, jiya ba ta dawowa."