Daga Furen Taba Zuwa Karan Sigari: Tarihin Iyakar Shekara Goma Sha Takwas

Tun watan Mayu na shekarar 2015, lokacin da Shugaba Goodluck Jonathan ya sa hannu a kan dokar taƙaita sha da sayar da taba, ya zama laifi a Najeriya a sayar wa wanda bai kai shekara 18 ba da sigari. Dokar ta shafi mai tebur a tashar motar Auyo kamar yadda ta shafi babban kanti a Abuja. Abin da nake son bibiya shi ne hanyar da aka bi aka iso ga wannan adadi, da kuma dalilin da ya sa ya kasa zama daram a ƙasar Haɗeja.

Taba baƙuwa ce. Daga nahiyar Amurka ta fito, jiragen ruwan Turawa suka yaɗa ta a ƙarni na 16, ayarin fatake kuma suka ƙarasa da ita cikin ƙasa. Tun zuwanta ta haddasa gardama. Shehun malamin Tambutu, Ahmad Baba, ya yi fatawa a 1607 yana ganin halaccinta, wasu malaman suka haramta ta, Sarkin Daular Usmaniyya Murad na Huɗu kuwa ya hana ta da kaifin takobi a 1633. Abin lura a nan, duk wannan jayayya a kan ita kanta tabar ake yi, ko halal ce ko haram. Shekarun mai sha ba su ne abin tattaunawa ba.

A ƙasar Hausa ta samu wurin zama. Clapperton, da ya zo Kano a 1824, ya ga ana rina haƙora da furenta, Barth kuma bayan kusan shekara talatin ya ambaci sunan da tabar Katsina ta yi a wurin masu saye. Ana nomanta a fadama da rani, a busar da ganyen, a daka shi da kanwa ya zama taba gari, ko a cusa a lofe a kunna. Babu sarkin da ya yi shela cewa kada a sayar wa yaro, domin kunya ta riga ta tsare ƙofar. Taba abin dattijai ce, kamar yadda goro yake. Yaron da aka gani da ita a baki, kowane babba a unguwa yana da ikon tsawata masa, kuma ubansa godiya zai yi. Iyakar da al'umma ta sani ita ce balaga da aure da riƙe gida, abubuwan da ido ke gani ba tare da takarda ba.

Sigari ne ya sauya lissafin. Kamfanin British American Tobacco ya buɗe masana'anta a Ibadan a 1937, aka kafa Nigerian Tobacco Company a 1951, sannan masana'antar Zariya ta fara aiki a 1959, manoman Arewa suna noma mata ganye. Lofe yana bukatar zama da garwashi da lokaci, sigari kuwa kara ɗaya ne da ashana, a sha a bayan gari a jefar. Ya kuma zo da wata daraja ta daban, ta direban babbar mota da ɗan boko da sojan da ya dawo daga Bama. Yaro ya daina ganin taba a matsayin alamar tsufa, ya koma ganinta a matsayin wayewa.

Turawan da suka ci Haɗeja da yaƙi a 1906 su ne, shekara biyu kacal bayan haka, suka yi dokar yara ta 1908 a Ingila, wadda ta hana sayar wa ɗan ƙasa da shekara 16 sigari. Ke nan sun san illar tun da wuri, amma kasuwar da suka buɗe a nan ta shafe gomman shekaru tana bunƙasa. Ingila ta ɗaga iyakarta zuwa 18 a 2007, Amurka zuwa 21 a 2019.

A gida, yunƙuri na farko mai ƙarfi shi ne doka mai lamba 20 ta 1990, zamanin Janar Babangida, Farfesa Olikoye Ransome-Kuti yana ministan lafiya. Ta mayar da hankali ga hana shan taba a wuraren taruwar jama'a da rubuta gargaɗi a jikin kwali. Sai ga shi a 2001 gwamnatin Obasanjo ta ƙulla yarjejeniya da BAT, aka buɗe sabuwar masana'anta a Ibadan a 2003, a shekarar da ƙasashen duniya suka amince da yarjejeniyar Hukumar Lafiya ta Duniya kan yaƙi da taba. Najeriya ta tabbatar da shigarta cikin wannan yarjejeniya a 2005, sashe na 16 nata kuwa shi ne ya wajabta hana sayar wa yara. A 2007 jihar Kano na cikin jihohin da suka kai kamfanonin taba kotu bisa zargin jan hankalin ƙananan yara. Duk da haka sai da aka ƙara shekara takwas kafin dokar 2015 ta fito, ƙa'idojin aiwatar da ita kuma sai 2019.

A takarda, dokar ta yi kyau. Ta hana sayar wa yaro, ta hana sa yaro ya sayar, ta hana sayar da kara ɗaiɗai sai dai kwali mai aƙalla kara 20, ta kuma ɗora wa mai sayarwa nauyin tantance shekarun mai saye da katin shaida. Amma a ganina an ɗinka rigar ne da awon wata ƙasa. Dokar tana hasashen shago mai ƙofa da mai tsaro, alhali a Auyo da ƙauyukan da ke bakin kogi sigari yana kan tebur ne, tsakanin alewa da ashana da maganin sauro, kuma kara ɗaiɗai shi ne cinikin. Mai tebur da ya ce sai kwali, ranar nan zai rufe. Batun katin shaida kuwa, mutane da yawa a nan suna ƙidaya haihuwarsu da shekarar wata ambaliya ko rasuwar wani sarki, kuma saurayin da ke tura ruwa a gonar shinkafa yana riƙe kuɗinsa da kansa tun kafin gemu ya fito masa.

Abin da ya fi duka wuya shi ne aike. A tarbiyyarmu, yaron da babba ya aika ya ƙi zuwa marar kunya ne, mai tebur da ya mayar da shi hannu wofi kuwa ya ci fuskar wanda ya aiko. Yaro ya zo ya ce, “Baba ne ya aiko ni, a ba ni kara biyu,” shi ke nan magana ta ƙare, ko da gaske ne ko ƙarya. Ladabin da ya tsare yara daga taba gari a zamanin kakanninmu, shi ne yau yake miƙa musu sigari a hannu, kuma shi mai tebur ya san uban yaron, tare suke sahu ɗaya a masallaci.