Majigi Marar Sauti da Haƙƙin Mahaifa

Tun kafin hoton majigi ya sami baki a shekarar 1927, zamanin da ba a jin kome a ɗakin kallo sai kiɗan da ake yi a gefen allo, ba a kuma sanin zancen 'yan wasa sai ta 'yan layukan da akan rubuta tsakanin hoto da hoto, masu wannan sana'a a Amurka sun riga sun fahimci cewa babu ɗabi'ar da ta fi sauƙin bayyanawa ba tare da lafazi ba kamar son kai a cikin gida, domin hannun da ya ɓoye kuɗi da fuskar da aka kawar daga tsohuwa ba su bukatar tafinta.

Babbar hujja a kan haka ita ce wasan Over the Hill to the Poorhouse, wanda kamfanin Fox ya fitar a 1920, inda Mary Carr ta fito a matsayin uwa mai 'ya'ya shida. Ɗanta John, wanda ya ɗauki laifin satar dawakin da mahaifinsa ya aikata har aka ɗaure shi, bayan ya fito ya tafi neman arziki yana aiko wa ɗan'uwansa Isaac kuɗin ɗawainiyarta, shi kuwa Isaac ya ci amana ya riƙe wa kansa, sauran 'ya'yan kowa yana ture ta zuwa ga wani, har ta ƙare a gidan miskinai, sai da John ya komo ya fisshe ta. Al'amarin ya sosa zukatan masu kallo ƙwarai, saboda a lokacin gwamnatin tarayyar ƙasar ba ta kafa fanshon tsofaffi na gama-gari ba sai a 1935, don haka tsohon da zuriyarsa ta juya masa baya yakan rasa madogara.

A 1924 kuma Erich von Stroheim ya fitar da wani wasan a kan irin wannan son kai, mai suna Greed, ƙissar matar da ta ci cacar dala 5,000, rowa ta hana ta taɓa su ko da talauci ya rufe gidan, har mijinta ya hallaka ta dominsu.

Masu shirya waɗannan wasanni ba su karanta babin uƙuƙul walidaini, wato saɓa wa iyaye, ba, amma hukuncin da suka yanke bai saɓa wa na malamanmu ba: dukiyar da aka tara da yanke zumunci ba ta da albarka.